Gemun Mai Gadi

A shagon aski yake zaune, gajeren dattijo mai furfura, wuyan rigarsa duk ya koɗe. Na san fuskar nan a talabijin: yau direba, gobe mai gadi, jibi kawun ango. Sunansa kuwa ban taɓa riƙewa ba.

Yana nuna wa mai aski hotonsa a waya. "Haka nake so gemun ya koma, ba ƙari ba ragi. Da shi na buɗe ƙofa a farkon fim ɗin, da shi ɓarayi za su harbe ni gobe."

Mai aski yana dariya. "Haba Baba, wa zai kalli gemun mai gadi?"

Ko a jikinsa. Da gani ya sha wannan tambayar.

"Ni zan kalla," in ji shi. "Ni da 'yata."