Ranar Da Inna Ta Ce Ba Ta San Ni Ba

Har gobe ban manta da Larabar da aiki ya kusa kuɓuce mini a tsakar gidanmu ba. Ku sababbin tafintoci, ku saurara.

Ina da shekara sha bakwai na yi wa Madam Kilodin tafinta. Bafaranshiya ce, ta fara da rubuta littattafan labarin gaskiya, daga baya ta haɗa da rubutun fim. Ta zo Tsamaye ne don littafi a kan mata manoman gero. Faransancina na kasuwar Maraɗi ne, wanda na tsinta wajen kawuna, amma shi ke akwai.

Dokarta ɗaya: ba ta rubuta magana sai mutum biyu sun tabbatar. Ni kuwa ta riga ta kama ni da ƙarya sau biyu, ciki har da kadan da na ce na yi kokawa da shi a Burkusuma. Ta ce in aka yi na uku, in nemi wani aiki.

Na ce mata innata ta fi kowa sanin gero. Muka je, aka shimfiɗa tabarma. Madam ta tambayi yawan 'ya'yanta. Inna ta lissafa biyar, ta tsaya nan. Mu shida ne, ni ne na fari.

Madam ta nuna ni. Inna ta kau da kai. “Wanga? Ban san shi ba. Nan nike ganin shi yana yawo.”

Na fassara. Na ce kunyar ɗan fari ce, uwa ba ta kama sunansa, ba ta ma kallonsa. Madam ta ce a kawo shaida na biyu. Na ruga na kamo hannun kakata.

“Mijina ne,” in ji Kaka. “Rago. Ko cefane ba shi yi. Saki za ni nema.”

Madam ta rufe littafi, ta ce in kira mai babur. Na tsaya bakin ƙofa na faɗa da Hausa, da ƙarfi: “To, an kore ni.”

Inna ta daina tankaɗe. Ba ta dube ni ba, rumbu ta fuskanta, ta ce wa Kaka:

“Iya, ki gaya wa baƙuwa, kwana biyu na yi ina naƙudar wancan abin. Kada a taɓa mishi aiki.”

Kaka ta tuntsire da dariya. Ni kuwa na fassara wa Madam. Madam ta koma ta zauna, ba ta tashi ba sai la'asar. Ta ce Inna ta shiga littafi, Kaka kuma sai fim.

Tun daga ranar, kafin mu shiga kowane gida, nakan fara gaya wa baƙo wa zai musanta sanin wa, da kuma dalili.