Tsumman da Baffa Ya Bari a Cikin Bindiga

A daminar da rediyo ta sanar cewa an cire mu daga Kano an ba mu tamu jihar, bindigar babanmu ta fashe a hannunsa. Ranar Talata ce da hantsi, muna hutun makaranta, gero ya fara ƙosawa a gonarmu ta gindin dutse. Ina tsaye bayansa kamar taku goma, riƙe da gwangwanin da nake kaɗa wa tsuntsaye. Na san ƙarar wannan bindiga kamar yadda na san tarin Baba, amma abin da na ji ran nan wata ƙara ce daban, mai kauri, kamar an fasa tulu da taɓarya. Da hayaƙi ya washe sai na ga Baba durƙushe tsakanin kunyoyi, ya danne hannun hagu a hammata, jini na bin rigarsa. Biran da aka zo kora sun haye dutse, sun zauna suna kallonmu.

Ƙauyenmu yana gindin duwatsun ƙasar Roni, kuma a wancan zamani duk wanda gonarsa ta jingina da dutse to shi da birai ke raba amfani. Bindigar ta kakanmu ce, tsohon soja, mai baki ɗaya, irin wadda ake karyawa a tsakiya a zura harsashi. Da ya rasu ta zama gadon mutum biyu, Baba da wansa Baffa Haladu, sai dai a ɗakin Baba take rataye domin shi ke gadin gona. Baffa bindigar toka ya saba da ita tun yana saurayi, wadda ake ɗura wa albarushi ta baki, a cusa tsumma a kai, a danna da sanda.

Tare da bindigar kakanmu ya bar wata igiya, siririya mai ƙarfi, tsawonta kamu uku. An ɗaura 'yar dalma kamar ƙwallon dabino a kai ɗaya, ɗaya kan kuma an yi masa ɗan madauki inda ake sarƙafa tsumma. Kowace Juma'a da safe, da duk ranar da aka yi harbi, Baba yakan shimfiɗa buzu a gindin darbejiyar ƙofar gida, ya karya bindigar, ya ɗauko tsohuwar farar riga. Yakan dafa yatsu uku na hannun hagu a kan ƙyallen, ya yage daidai faɗinsu. "Idan ya fi haka zai maƙale, idan bai kai ba aikin banza ne," haka yake cewa. Sai a saki dalmar ta gindi, ta gangara ta fito ta baki, a naɗe igiyar a hannu, a ja sau ɗaya ba tsayawa. Tsumman farko baƙi ƙirin yake fitowa. Na biyu toka-toka. Na uku ake ɗiga wa man keken ɗinki, ɗigo biyu. Bayan haka sai ya ɗaga bakin bindigar sama ya leƙa, domin da damina zanzaro kan shiga ya yi gini cikin kwana biyu. Ban iya ƙidaya sau nawa ya ce mini, "Ba a sa harsashi sai an ga sama ta ciki."

Tun ina shekara tara ya bar mini jan igiyar. Ni kuwa ba abin da na fi taƙama da shi. A wajen langa, a bakin rijiya, a hanyar kai awaki kiwo, ba yaron da ban gaya wa ni ke goge bindigar gidanmu ba. Har miƙa musu hannuna nake yi su ji ƙamshin man. Ban san wannan alfahari ne za a ɗaure ni da shi ba.

Ranar Lahadin makon da abin ya faru Baffa ya zo ya ɗauki bindigar, wai zabin daji sun dame shi a gonar gyaɗa, ya haɗa da igiyar. Ranar Talata da birai suka sauko, Baba ya ce in ruga in karɓo. Baffa ya hana ni riƙewa, ya ɗauko da kansa, ina biye har gona. Ya miƙa wa Baba, ya ce, "Ga ta nan, na goge ta tas, sa harsashi kawai." Da idona na ga Baba ya karya ta, ya fara ɗaga bakin kamar yadda ya saba, har ya kai daidai ƙirjinsa. Sai Baffa ya ce, "Ko ba ka yarda ba ne, Ilu?" Baba ya yi ɗan murmushi, ya ce, "Haba Yaya." Ya sauke hannu, ya zura harsashi. A gidanmu ƙane ba ya duba aikin wansa a gaban idonsa, yin haka kamar ƙaryata shi ne.

A amalanke aka kai Baba bakin titi, daga nan mota ta wuce da shi asibitin Kazaure. Washegari maƙerin ƙauyenmu ya tsaga abin da ya rage na bakin bindigar, ya zaƙulo tsumma, guntun bargo ne mai faɗin tafin hannu, an danne shi ya yi tauri kamar ƙwallon goriba. Zaurenmu cike da masu jaje, kowa ya karɓa ya jujjuya. Baffa yana zaune a kan buzun Baba, ya girgiza kai, ya ce, "Ai yaron nan ne ke goge ta, kowa ya sani. Na sha gaya wa Ilu bindiga ba abin wasan yara ba ce." Ba wanda ya juyo ya tambaye ni, domin yaro ba ya magana a zaure. Na buɗe baki zan ce ba ni ba ne, sai Baffa ya tashi ya karyo tsumagiya daga darbejiyar nan da muke zama a gindinta, ya yi ta zuba mini a gaban mutane har sai da liman ya riƙe hannunsa. Har yau idan na tuna shi ne mai duka, shi ne kuma ake ba haƙuri, sai in ji abinci ya fita kaina.

Bayan mako guda Inna ta aike ni sashen Baffa in karɓo rariya. A can na ga wata sabuwar kaza an ɗaure ƙafarta a jikin turmi don kada ta ɓata. Igiyar da aka ɗaure ta da ita igiyar kakanmu ce, ga 'yar dalmar tana ja a ƙasa cikin kashin kaji, kan madaukin kuma babu, ya tsinke. Nan na gane komai. Baffa ya sa tsumma mai kauri ya maƙale, ya ja da ƙarfi igiya ta katse daga ciki, ya sa sanda ya danna ya ƙara cusa shi. Da ya kasa, sai ya yi lissafi irin na bindigar toka, wai ai harbi zai fitar da shi. Ba nufin cutar da ƙanensa ya yi ba, na yarda da wannan. Amma ya gwammace ya gwada sa'a da hannun wani a kan ya ce ya ɓata abu.

Na kwance kazar, na ɓoye igiyar a jakar littattafaina har Baba ya dawo daga asibiti. Na same shi shi kaɗai a ɗaki, hannun a naɗe, na ajiye ta a gabansa. Ya daɗe yana kallonta. Sannan ya ce, "Na san ba kai ba ne, Nuhu. Tsummanka ba ya wuce yatsa uku." Na ce, "To Baba, a gaya wa mutane." Ya ce, "Wana ne. Idan na faɗa, gidan nan ya rabu. Kai yaro ne, za a manta." Ya ce in mayar da igiyar inda na ɗauko. Wannan ne umarninsa guda da ban taɓa bi ba.

Ba a manta ba. Da aka koma makaranta yara suka sa mini Toshe, sunan ya bi ni gona, ya bi ni kasuwar Babura, har lokacin da na je neman aure sai da wani dattijo ya tambaya ko ni ne yaron da ya naƙasa ubansa. Makarantar ma ban ƙarasa zangon ba. Hannun Baba ba ya riƙe garma, ni ne babba, aka ce in ajiye jaka zuwa baɗi. Malaminmu ya zo a keke sau biyu, ya gaji ya daina. Ɗan karatun da na samu ya zube a hankali, sai da na kai ga ba na iya karanta allon motar haya. 'Ya'yan Baffa kuwa duk sun gama. Da Baffa zai rasu aka tara mu, ya ce kowa ya yafe masa, kamar yadda kowane mai ciwon ajali ke faɗa. Na tsaya ina jiran ya ambaci bindiga. Bai ambata ba. Na ce na yafe tare da kowa, ina kuma roƙon Allah ya sa zuciyata ta bi bakina, don har yau ba ta gama bi ba.

Yanzu birai sun ƙaura, masu fasa dutse sun cinye gefen da suke zama, darbejiyar ma an sare ta. Baba ya rasu bai taɓa tayar da maganar ba, sai dai idan muna cin tuwo yakan tura mini nama gabana da guntun hannun nan. Ina kewar safiyar Juma'a da ƙamshin man keke. Shekara biyu ke nan ina zuwa ajin manya bayan la'asar, igiyar tana cikin jakar da nake sa littafi, kuma tunda ba a bar ni na yi magana a zaure ba, ga shi na rubuta. Abin da aka rasa: yatsu uku na hannun hagu, bindiga ɗaya, geron gonar gindin dutse, aji biyu da suka rage mini a firamare, shekara talatin da wani abu ba karatu, da sunan da ubana ya raɗa mini. Leƙa bakin bindiga kuwa bai kai numfashi ɗaya ba.