Rumbunan Dutse na Ƙasar Barci

Gidanmu a unguwar Ridina, cikin N'Djamena, cike yake da yara, amma da an idar da magariba sai ya koma kamar an share. Maƙwabcinmu ya sayi talabijin da janareta, kowa can yake kwasa. Ni ciwon ido ya hana ni zuwa, shi ya sa na zama abokin hirar Kaka Tabawa, mahaifiyar babana. Ban so ba da farko, gaskiya. Daga baya da idon ya warke, ban koma ba.

A goye iyayenta suka taho da ita daga ƙasar Katsina, da niyyar aikin hajji a ƙafa. Guzuri ya ƙare a bakin kogin Shari, uban ya kama fawa, tafiyar ba ta ƙara tashi ba. Larabcin gari kuwa ta ƙi shi ƙememe, sai na cinikin gawayi. Jikokinta kuma da shi suka buɗe baki. A duk cikinmu ni kaɗai nake jin Hausarta har ƙasa.

Takan jawo murhun gawayi gabanta, ta ɗora shayi, ta ce, "Matso, angona mai kwantsa. Ga ta nan, in da mai karɓa."

"Ta zo, Kaka, ni zan karɓa."

Tatsuniyar da ta fi maimaitawa ita ce ta Ƙasar Barci. Wai can akwai rumbuna na dutse jere har iyakar gani, ba ƙofa, ba jinka. Ni da na tashi a N'Djamena, inda tsakuwa ma sai an kawo ta a mota, abin ya fi ƙarfin tunanina. Duk wanda ya mutu da wani sani bai faɗa wa kowa ba, addu'a ce, maganin ciwo ne, ko sunan kakanni, sanin yakan zama ƙwayar gero ya faɗa ciki. Mai mafarki na iya ratsa dutsen ya shiga. Sai dai hannu ba ya fito da komai, a baki ake ɗauko ƙwayar. In ka farka, dole ita ce maganarka ta farko, kuma ga mai jin harshenka. In wata kalma ta riga ta fita, ƙwayar ta koma rumbu ke nan har abada.

Sai wani mahauci, Tanko, wanda ubansa ya rasu yana yaro, ya shiga ya ji muryar uban a cikin wata ƙwaya. Ya jefa ta a baki. Ya farka shi kaɗai a baƙon gari, ya fita da gudu yana neman Bahaushe ko ɗaya, leɓɓansa a damtse. A kan kwana ya yi kiciɓis da wani dattijo baƙo, dattijon ya yi masa sallama. Tanko ya tsaya, hawaye na zuba, ya amsa.

Haushi ya kama ni. "Kaka, ai wawa ne! Da ya yi shiru ya wuce!"

"Kai, ɗan nema! A gidan wa aka taɓa ƙin amsa sallama?"

"To mene ne uban ya ce masa?"

"Da na sani, ai da ba ya cikin rumbu." Sai ta tsiyaya shayinta, ta daɗe tana kallon garwashi. Ni a lokacin na ɗauka barci take ji.

Ina karatu can garin Abeche ta rasu. Kafin in iso an rufe ta. Ƙanwata Zara ce ta yi jinyarta, ita da wata maƙwabciya, babana yana kasuwar shanu. Zara ta ce min, da Larabci, wai da hantsi Kaka ta farka garau, ta zauna da kanta, ta riƙe hannunta ta yi ta magana tiryan-tiryan kamar mai biya karatu.

Na ce, "Me ta ce?"

"Wallahi Yaya, irin Hausarta ce ta da. Na yi ta ce mata to, to."

"Ko kalma ɗaya ba ki riƙe ba?"

"Sunanka. Da Katsina. Kalas, shi ke nan."

Ban ga laifin Zara ba, har yau ban gani ba. Amma na fita bayan gida na yi kukan da ban yi a maƙabarta ba.

Da ina yaro na zaci labarin na Tanko ne da wautarsa. Sai da na girma na gane tsoronta take faɗa min, tsoron tsohuwar da ta cika gida da jikoki amma kunne ɗaya gare ta a cikinsu, shi ma mota ta tafi da shi Abeche. Ban san ko addu'ar da ubanta ya taho da ita ce ba, ko sunayen dangin da aka baro. Ba zan taɓa sani ba, kuma wannan rashin sanin ya fi mutuwar zauna min a rai.

Yanzu a unguwar Diguel nake da iyalina. Na san tatsuniya ce, ba yaro ba ne ni. Duk da haka in na farka da asuba nakan kwanta shiru, ina laluben bakina da harshe. Matata ta gaishe ni, in yi kamar ban ji ba. Ta sake. Ban taɓa samun komai ba, sai in juyo in amsa mata.