Shirun da Na Yanke Maka, Abdussalam

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Ranar Talata, 14 ga Maris, 2017, ina shirin shiga karanta labarai, maiɗakinka Hamida ta bugo mini waya cewa ka cika a asibiti a garin Largo.

Shekara goma sha ɗaya muna teburi ɗaya a sashen Hausa na gidan rediyo, kai Badamagare, ni Bakano, ba ranar da ba mu tsokani juna ba. Kai ka tarbe ni da na zo ƙasar nan, ka tuɓe rigar sanyinka ka ba ni. Ladan da ka nema kawai shi ne in riƙa raka ka garin Silver Spring kallon gajerun finafinan Faransa, waɗanda ba su da kai ba su da gindi: mutum zaune, ruwa na ɗiga, fuska na narkewa a madubi. Ka ce abin da ke cikin zuciyar ɗan Adam ake nunawa. Ni dai barcina nake sha, ba ka taɓa fushi ba.

Sai ka yi niyyar yin naka. Ka je Damagaram ka naɗo muryar mahaifiyarka, bayan tsufa ya tafi da tunaninta. Ka ba ni in rage ƙarar iska kawai. Ni kuwa ɗan rediyo, a wurinmu shirun daƙiƙa uku abin kunya ne. Na bi na yanke duk inda ta yi shiru, maganarta ta tafi sumul, na adana a kan na asalin, ya shafe. Har ina jiran yabo.

Ka saurara har ƙarshe, sannan ka ce, "Malam Ubale, ni ɗan fari ne, ba ta faɗin sunana. Ta manta kowa, amma in ta zo kan sunana sai ta tsaya. Da wannan na san ba ta manta ni ba."

Bayan wata biyu ta rasu, fim bai fita ba. Ka ci gaba da kawo mini kilishi kamar ba a yi komai ba. Ni kuma kunya da girman kai suka ɗaure mini baki, shekara shida ban ce ka yafe mini ba. Wallahi na yi nadama, kuma yanzu ba wanda zan faɗa wa.

Hamida, da 'ya'yanku Nazir da Aliyya, Allah Ya ba ku haƙuri, ku roƙa mini gafara. Allah Ya jiƙanka, Abdussalam, Ya haskaka makwancinka, Ya sada ka da mahaifiyarka a Aljanna cikin hankalinta, ta gane ka tun daga nesa. Amin.