Yirlesa Rentería da fuskar Don Aristarco

Ranar Laraba, 12 ga Maris, da hantsi, 'yarki Maritza ta kira ni ta ce kin cika a asibiti a garin Quibdó. Ciwon da kike ta ce mana gajiya ce kawai, ashe shi ne ajali. Na zauna a bakin kogin Atrato na rasa abin faɗa, ni da kike wa tsiya cewa bakina ba ya hutu.

Shekara da shekaru ina ɗaukar miki sauti, ke kina bayan kyamara. Ba ki taɓa shiga gari kin kunna ta a ranar farko ba. Sai kin ci kifi da soyayyar ayaba a gidajen mutane, kin taya mata wanki a bakin ruwa, ni kuwa ina gefe ina mitar sauro. Kuma duk fim ɗin da muka gama, mutanen cikinsa ne za su fara gani. Mu kai shi a kwale-kwale, mu rataya farin zani a bangon coci, wanda ya ce a cire shi, a cire shi.

Haka aka yi da Don Aristarco, masuncin da zaiba, gubar da masu haƙar zinariya ke zubarwa a kogi, ta ɓata wa kifi, ta sa wa jikarsa rawar hannu. Maganarsa ce ƙashin bayan fim ɗin. Da ya ga fuskarsa a zanin, sai ya ja ki gefe, domin 'yan bindigar da ke gadin injinan haƙa sun san ƙofar gidansa.

"Yarinya, cire ni. Ina da iyali."

"An cire, Baba," kika ce.

Na yi ta faɗa a hanya, na ce wahalarmu ta tashi a banza. Kika ce mu birni za mu koma, shi kuwa a nan zai kwana. Fim ya fito, bai yi tasiri ba, haƙa ma ba ta tsaya ba. Na san abin ya ci miki rai, amma ko sau ɗaya ba ki koma kin roƙe shi ba.

Ranar jana'izarki, mata na rera waƙoƙin rakiyar mamaci, sai ga shi ya sauko daga kwale-kwale yana dogara sanda. Ya tambaye ni ko hoton nan nasa yana nan. Na ce yana nan, amma 'yan bindigar ma suna nan.

"Na sani, ɗana. Jikata yanzu ko cokali ba ta iya riƙewa. Mayar da ni cikin fim ɗin, har da sunana."

Ina tsoro, Yirlesa, ba zan ɓoye miki ba. Amma zan mayar da shi.

Allah ya jiƙan ki, ya yafe miki kurakuranki, ya ba ki hutun da kika hana kanki. Maritza, da mahaifiyarki Doña Celmira, da mutanen garuruwan bakin kogi, Allah ya ba ku haƙurin wannan rashi. Ya kuma tsare mana Don Aristarco da iyalinsa.