Malam Ashafa da kaset ɗinsa na cikin gishiri

Ranar da buhun Malam Ashafa ya fashe a Sharada, daidai lokacin ma'aikata na canjin aiki ne. Yana ƙoƙarin cusa buhun cikin adaidaita sahun Uba maƙwabcinsa, gindin ya ɓarke. Kaset-kaset na bidiyo suka watse a titi, gishiri ya bi bayansu kamar an zazzage mudu biyar. Dattijo ya durƙusa yana tsinta, hula ta faɗi, matan kamfanin leda suna tambayar ko miya zai yi da su.

Shi dai Ashafa a kamfanin fata na Challawa yake aiki, yana barbaɗa wa ɗanyar fata gishiri don kada ta ruɓe. Amma da can, a garinsu na bakin Tafkin Chadi, shi ne mai ɗaukar bidiyo. Biki, suna, saukar karatu, kokawar masunta, babu inda bai kafa kyamararsa ba. Da yaƙi ya ci garin, kowa ya ɗauki abin da zai iya. Shi ya bar katifa da keken ɗinkin matarsa, ya sungumi kaset arba'in da uku. Har yau matar ba ta gama yi masa gori ba.

A Kano damina ta fara jiƙa masa ɗaki, ya tsorata da funfuna. Mutumin da ya ga gishiri na tsare fatar bijimi guda, me kuke zato zai yi? Ya ƙulle kowane kaset a leda uku, ya binne su cikin duron gishiri. Shekara goma.

Fiddausi ce ta sa aka tono su. 'Yar garinsu ce, tana aikin takalman roba a nan Sharada, kuma tana da shekara takwas aka kashe mahaifinta. Ta zo ta gaishe shi, ta ce, "Baffa, fuskar Baba ta fara ɓace mini. Ko hoto ɗaya ba mu fito da shi ba."

To, shi ne aka kwashe na titi aka nufi Bompai, wurin Kamilu mai gyaran rediyo, wanda har yanzu yake da tsohuwar na'urar bidiyo mai aiki. Kamilu ya ga gishiri ya dafe kai. Ya ce gishiri ruwa yake ja, ƙarfe yake ci, in ya taɓa zaren kaset an gama, kuma ba zai kashe na'urarsa a banza ba. Sai da Fiddausi ta roƙa, sannan Kamilu ya kwance ledojin, ya goge, ya hura. Shida sun yi tsatsa har sun daskare. Sauran a bushe suke.

Kamilu ya saka wanda aka rubuta wa Sunan Fiddausi. Talabijin ta yi ta yayyafi, ta yi ta rawa, Ashafa na zufa. Can sai ga wani dogon mutum cikin shuɗiyar riga, riƙe da jaririya, yana dariya har da wushirya. Fiddausi ta zauna a ƙasa, ta ce a mayar baya. Aka mayar sau huɗu. Kamilu da kansa ya ce a bar masa sauran, zai juye su duka a waya.

Uba ba ya ganin an huta. Ya ce, "Malam, shekara goma kana gadin kaya, ga shi ko kunnenka bai fito a ciki ba."

Ashafa ya share zufa ya nuna talabijin. "Duk wanda ka ga yana murmushi a nan, ni yake kallo. Kai fa, wa ya taɓa kallonka ya yi murmushi?"