Baba Halliru da Buhunan da Gara Ba Ta Ci Ba

Da hantsi, in an kwana ana ruwa a Gummi, rana takan fito a sanyaye, ƙasa tana tururi, fikafikan shinge, wato gara mai tashi, zube a bakin kowace ƙofa. A irin wannan lokacin za ka hango Baba Halliru ya turo tsohon kekensa, bokitin toka rataye a gaba. Maigadi ne a wata makaranta da ke gefen gari, kuma a bakin ƙofar nan gemunsa ya yi fari. Kafin ya shimfiɗa buzunsa sai ya zagaya bayan sito ya duba gindin bango, ya barbaɗa toka, sannan ya zauna ya amsa gaisuwa. Rumfar da nake facin taya tana kallon ƙofar, saboda haka abin da zan faɗa ido ne ya gani.

Shekarun baya an yi jarabawar ɗaukar ma'aikatan gwamnati a makarantar, matasa suka zo daga Anka da Bukkuyum da nan Gummi. Da sakamako ya fito, wasu suka ce ba a auna kowa da mudu ɗaya ba: cikin masu ba da maki akwai mai sakin hannu, akwai mai matsewa. Wata Mardiyya 'yar Bukkuyum, wadda maki kaɗan ya kayar da ita, ita ta tara 'yan uwanta da suka faɗi suka kai ƙara. Kotu ta ce a ɗaure buhunan takardun, a buga musu hatimi, a bar su a siton makarantar har a yanke ko za a sake dubawa. Makulli kuwa yana aljihun Baba Halliru.

To, shari'a ta yi ta jan ƙafa, yau a ɗage, gobe a ɗage. Siton nan daɓensa ya farfashe, kwanonsa yana yoyo, gara kuma a ƙasarmu ta fadama ba ta jiran izini. Duk ranar da buhunan suka zama ƙasa, to ƙarar Mardiyya ta mutu ke nan, don babu sauran abin da za a duba.

Baba bai san abin da ke rubuce ciki ba, amma ya san yadda ake ajiyar hatsi. Sai ya mai da siton rumbu. Ya jera duwatsu, ya ɗora katako, ya hau da buhunan sama, ya kewaye da toka da ganyen bedi, wato dogon yaro. Ya hau rufi da narkakkiyar kwalta yana liƙe huji, da wannan gwiwar tasa mai ciwo. 'Yan acaɓa sukan tsokane shi su ce yaushe za a sussuke hatsin nan a yi fura, shi kuma ya ce ranar da masu gona suka zo.

Abin da ba kowa ya sani ba, ɗansa Kamilu yana cikin waɗanda suka ci. An tura shi aiki Anka, har ya yi aure. Kamilu bai yi maguɗi ba, amma ya san da ƙyar ya tsallake, in aka sake awo yana iya zamewa. Wata rana ya kawo mini babur faci, ya tarar da mahaifinsa a rumfa. Ya daɗe yana kewaye-kewaye kafin ya sunkuyar da kai.

"Baba, ban ce ka ƙone komi ba. Tokar nan kawai za ka daina kawowa. Wa zai ga laifinka? Gara ta."

Ina shafa gam, Baba ya ɗago ya dube shi. Sannan ya ce, "Kamilu, gara ba alƙali ba ta. In rabonka na, ko an sake awo yana nan. In na ɗiyar mutane na, da wane baki zan ci tuwon gidanka?"

Washegari bokitin toka ya zo kamar kullum.

Da kotu ta ba da umarnin sake dubawa, aka zo da mota aka kwashi buhunan, hatiminsu lafiya, ko gefen takarda bai ciwu ba. Sabon sakamako ya ɗaga Mardiyya da wasu, ya sauke wasu. Kamilu yana cikin waɗanda aka sauke. Ya dawo Gummi ya kama noman shinkafa, ya daina bin hanyar makarantar. A gida, in ya gaida uban, gaisuwar ba ta wuce ta bakin ƙofa. Baba bai taɓa kai kukan wannan wurin kowa ba, amma mun ga yadda rigarsa ta yi masa yawa.

Baba, kai ne aka ba amanar da ba a ba ka ko ledar rufe ta ba. Kai ne wanda da ka naɗe hannu kawai, da babu mai tuhumarka, ɗanka kuma yana kan kujerarsa. Sunanka bai shiga takardar hukunci ba, Mardiyya ma da ta zo yi maka godiya ka ce mata ta yi wa tokar Inna Kulsum, matarka. To mu mun gani, mun gode. Allah Ya saka, Ya ba gwiwar nan lafiya. Duk wanda aka damƙa wa makulli, ƙarami ko babba, ya zo ya ga yadda ake riƙewa.

Ƙarshen watan nan Baba zai ajiye aiki. An kuma ce za a sake wata jarabawar bayan girbi, kuma na ga Kamilu da littattafai ɗaure a bayan babur.

Shekaranjiya keken Baba ya yi faci, ya jingine shi a rumfata ya tafi sallar azahar. Ina kan wata taya sai ga Kamilu. Ya karɓi kayan aikina, ya zare tub ɗin, ya liƙe, ya ba shi iska, ya goge sirdin da hannun rigarsa, ya tafi. Da Baba ya dawo ya matsa tayar da yatsa, ya dube ni. Na nuna masa hanyar fadama da baki, inda gonar Kamilu take. Ya tsaya yana kallon hanyar, sannan ya rataya bokitinsa, ya hau ya tafi.